Kotun CPI, hukunta masu ta'asa da maganar diyya: tambayoyin da mutanenmu na Maradi suka fi yi

Tambayoyin nan kullum sai sun dawo, daga mutanen ƙauyukan bakin iyaka da ƴan bindiga suka taɓa, daga baƙinmu ƴan gudun hijira, har da ɗalibai da ƴan fada masu bin labarai. Na haɗa su wuri guda ne don kowa ya samu. Amma in kana da ƙara a hannu, wannan bai hana ka zama da lauya ba.

Wai mi ce ce CPI, ita ce kotun duniyar da muke ji a rediyo?

Kotun duniya biyu ce, kuma duka a gari ɗaya suke, birnin Heg na ƙasar Holan, shi ya sa ake yawan haɗa su. Ɗaya ta Majalisar Ɗinkin Duniya ce, ita gardamar ƙasa da ƙasa take rabawa, ita ce a 2005 ta yanke maganar tsibirin Lete tsakanin Nijar da Benin ta ba mu shi. Wannan ba ta ɗaure kowa.

Ta biyun ita ce CPI, wato kotun hukunta manyan laifuka ta duniya, gidajen rediyon Najeriya kuma su ce ICC. Ita mutum take nema da sunansa, ba ƙasa ba. An kafa ta da Yarjejeniyar Roma ta 17 ga Yuli 1998, ta fara aiki 1 ga Yuli 2002, alƙalanta 18. Nijar ma na cikin ƙasashe 10 da suka miƙa takardun amincewa rana ɗaya, 11 ga Afrilu 2002, aka samu cikon 60 ɗin da ake jira. Abu biyu da ya kamata ka riƙe tun yanzu: ba ta da ƴan sanda ko jandarma nata, sai wata ƙasa ta kama mutum ta miƙa mata, sannan ba ta yanke hukuncin kisa, iyakarta shekara 30 ko ɗaurin rai da rai.

Waɗanne laifuka take shari'a a kansu?

Huɗu ne kawai. Kisan ƙare dangi, wato a yi niyyar shafe wata ƙabila ko mabiya wani addini ko wata al'umma, duka ko wani sashe, kuma niyyar nan ita ce mai wuyar tabbatarwa. Sai laifukan cin zarafin bil'adama, kisa da fyaɗe da azabtarwa da bautarwa da korar mutane daga garuruwansu, idan an yi su cikin farmaki mai faɗi ko mai tsari a kan farar hula. Sai laifukan yaƙi, kamar kashe wanda ya ajiye makami, kai hari asibiti ko masallaci, sa yara ƴan ƙasa da shekara 15 cikin yaƙi. Na huɗu shi ne shugabannin wata ƙasa su kai wa wata hari ba bisa ƙa'ida ba, shi sai 2018 aka buɗe wa kotun hanyar taɓa shi.

Malam, ƴan bindiga sun shigo mana da dare, sun kashe mutum uku sun kore shanu sun tafi da mata. Wannan na CPI ne?

Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ya maido da waɗanda ke hannu. Amsar ba mai daɗi ba ce: hari ɗaya irin wannan, komi muninsa, a idon doka kisan kai ne da fashi da makami da garkuwa da mutane, kuma aikin kotunan Nijar ne. Ba wai ran mutumin Gabi ko Safo bai kai na mutumin Darfur ba ne, a'a, an dai gina kotun ne don wani irin laifi daban.

Inda maganar ke iya canzawa shi ne idan aka haɗa hare-haren. A ce daba ɗaya ce mai shugaba sananne, tana fitowa daga daji ɗaya, ta bi ƙauye 20 ko 30 na Madarunfa da Gidan Runji da salo iri ɗaya, ta ɗora wa gari haraji kafin a yi noma, wanda ya ƙi a ƙone shi, to nan lauya na iya cewa wannan ya zama farmaki mai tsari a kan farar hula bisa manufar ƙungiya, wato sharaɗin cin zarafin bil'adama kenan. Alƙalan CPI sun taɓa cewa, a maganar rikicin zaɓen Kenya, ba dole sai ƙungiyar ta yi kama da gwamnati ba. Sai dai mai kare wanda ake tuhuma zai tashi ya ce waɗannan ɓarayi ne masu neman kuɗi, ba su da wata manufa, kuma wallahi gardamar tana da ƙarfi ta kowane gefe.

Ka lura, ba wanda zai iya nuna cewa hare-hare 30 abu ɗaya ne sai in kowane ƙauye ya rubuta nasa. Shi ya sa tambayar shaida da ke ƙasa ta fi wannan muhimmanci a wurina.

Ni da kaina ina iya kai ƙara can?

Ƙara irin wadda muka sani, ka je ka ce ga wanda ya zalunce ni a kira shi, babu ita a CPI. Hanya uku ce ke buɗe bincike: ƙasa mamba ta miƙa maganar, kamar yadda Mali ta yi a 2012, ko Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya ya tura, kamar Darfur a 2005 da Libiya a 2011, ko mai gabatar da ƙara ya nemi izinin alƙalai da kansa. Abin da kai ko ƙungiyarku za ku iya shi ne aika wa ofishinsa bayani, sashe na 15 na Yarjejeniyar Roma ya ba kowa wannan dama, kyauta ne, ta intanet ma ana yi. Amma bayani ne kawai, ba dole ya buɗe bincike ba, kuma mafi yawa nan suke tsayawa.

Kuma ko ya karanta ya yarda, akwai sashe na 17. CPI kamar rijiyar bayan gari ce, ba a zuwa sai ta gida ta ƙafe: in kotun ƙasarku na binciken maganar da gaske, ita ba ta da hurumi, sai in ƙasar ta kasa ko ta ƙi.

To ai an ce Nijar ta fita daga kotun. Magana ta ƙare kenan?

Ranar 22 ga Satumba 2025 Nijar da Mali da Burkina Faso suka ba da sanarwar ficewa tare, suka ce kotun ta zama makamin ƴan mulkin mallaka, za su dogara da hanyoyin gida. Abin da Yarjejeniyar Roma ta ce a sashe na 127 shi ne fita na tabbata shekara ɗaya bayan takardar ta isa hannun Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya, kuma ba ta goge abin da kotu ta riga ta fara dubawa. Burundi ta fita a Oktoba 2017, alƙalai suka ba da izinin bincike kwana biyu kafin fitar ta tabbata. Filifin ta fita a 2019, amma a Maris 2025 sai ga tsohon shugabanta Duterte an kama an kai Heg kan kashe-kashen da aka yi lokacin ƙasar na ciki.

Akwai kuma wani lungu da ya shafe mu mu ƴan bakin iyaka. Hurumin kotun na bin ƙasar da aka yi laifin, ko ƙasar wanda ya yi shi. Najeriya mamba ce tun 2001. Kenan a takarda, ɗan Najeriya da ya tsallako ya yi ta'asa a nan bai fita daga hurumin ba. Na ce a takarda fa.

Abin da ya faru da daɗewa fa, kamar kisan Toda?

CPI ba ta taɓa abin da ya faru kafin 1 ga Yuli 2002, ko da kwana ɗaya. Abin da ya faru a Toda ta nan jihar Maradi a 1991, inda aka hallaka Fulani fiye da 100 galibi mata da yara, ba zai taɓa shiga gabanta ba. Amma daga 2002 zuwa yau laifukanta ba su da wa'adi, sashe na 29 ya ce ba sa tsufa, shi ya sa a Oktoba 2025 aka samu Ali Kushayb, jagoran Janjawid, da laifin abin da ya yi a Darfur a 2003 da 2004. Bayan shekara 20 da ɗoriya kenan.

Gaskiya ne ƴan Afirka kawai take kamawa?

Masu faɗin haka ba daga sama suka ɗauko ba. Duk waɗanda ta ɗaure kan manyan laifukan nan zuwa yanzu ƴan Afirka ne, irin su Lubanga da Katanga da Ntaganda na Kwango, Ongwen na Yuganda, Al Mahdi da Al Hassan na Mali. Amurka da Rasha da Sin da Indiya da Isra'ila duk ba mambobi ba ne, uku daga cikinsu kuma na da ikon hawa kujerar na-ƙi a Kwamitin Sulhu, wato su tura wasu kotun da su ba su yarda da ita ba. Laurent Gbagbo ya yi shekaru a tsare kafin a wanke shi a 2019. Wannan duk abin haushi ne.

Ɗaya gefen kuma, Yuganda da Kwango da Afirka ta Tsakiya da Mali, gwamnatocinsu ne da kansu suka kira kotun, sau da yawa don ta kama musu ƴan tawaye. Sannan ta fitar da sammacin kama Putin a Maris 2023, da Netanyahu da tsohon ministan tsaronsa Gallant a Nuwamba 2024, har Amurka ta ƙaƙaba wa alƙalanta takunkumi. Ni dai ganina, matsalar ba ta yi yawan kama ƴan Afirka ba ce, ta kasa kama masu ƙarfi ne, kuma uwar da aka kashe wa ɗa a yankin Ituri na Kwango ba za ta ce a saki wanda ya kashe shi don ba a kama wani a Turai ba.

Wanda bai harba da hannunsa ba fa? Ko wanda ya ce umurni aka ba shi?

Dukansu doka ta san da su. Sashe na 28 ya ce kwamanda na ɗaukar laifin yaransa idan ya sani, ko ya kamata a ce ya sani, bai hana ba bai kuma hukunta ba. Mai ba da makami ko bayanin gari da sanin abin da za a yi, shi ma sashe na 25 na kama shi. "Oga ne ya ce" ba ya wanke mutum a kisan ƙare dangi ko cin zarafin bil'adama. Kujerar shugaban ƙasa ma ba kariya ba ce a gaban kotun, an ga haka da Umar al-Bashir na Sudan a 2009, ko da yake har yau ba a kai shi ba. Wanda bai kai shekara 18 ba lokacin laifin, CPI ba ta yi masa shari'a.

In an ce diyya, kuɗi ake nufi?

Kuɗi na ciki amma ba shi kaɗai ba. Ƙa'idojin da Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da su a 2005 sun haɗa da maido wa mutum abinsa, gona ko gida ko ƴanci, da biyan asara, da magani na jiki da na hankali, da abin da ke sanyaya zuciya kamar faɗin gaskiya, neman gafara a bainar jama'a, nuna wa dangi inda aka binne nasu, sai kuma gyaran da zai hana abin sake faruwa. Wanda ɗansa ya ɓata shekara biyar ba gawa ba labari, ka tambaye shi, sau da yawa abin da yake fara nema shi ne a gaya masa inda yake.

To nawa ake samu, kuma wa ke biya?

Nan ne mutane ke yaudarar kansu da manyan lambobi. Ga misali na kusa. A 2003 aka kai hari ƙauyen Bogoro a Kwango, a 2014 aka samu Germain Katanga da laifi, a 2017 aka yanke diyya, mutum 297 aka amince da su, kowa dalar Amurka 250, wajen jikka 150 kenan a kuɗinmu, ko ɗan bijimi ba za ta saya maka ba, sai tallafin gida da karatun yara da jari da aka haɗa musu. Shekara 14 ana jira. A shari'ar Ongwen an yanke yuro miliyan 52 da ɗoriya a 2024, ka ji kamar abin arziki, amma mutanen sun kusa 50,000 kuma rabon kowa na hannu yuro 750 ne, bai cika jikka 500 ba. Al Mahdi da ya rusa hubbaren waliyyai a Tumbutu a 2012, ya amsa laifinsa aka ba shi shekara 9, an ɗora masa yuro miliyan 2.7.

Wanda aka ɗaure shi ake ɗora wa biyan, amma duk waɗannan kotu ta ce ba su da ko dala. Sai a koma ga Asusun Tallafa wa Waɗanda Aka Zalunta na kotun, shi kuma da gudummawar ganin dama ta ƙasashe yake rayuwa, in sun ba da a yi aiki in ba su ba da ba a jira.

Wani abu kuma, ba hukunci ba diyya. A shari'ar Jean-Pierre Bemba, tsohon madugun ƴan tawayen Kwango, mutane fiye da 5,000 na Afirka ta Tsakiya suka shiga a matsayin waɗanda aka zalunta, da aka wanke shi a ɗaukaka ƙara a 2018 maganar diyyar kotu ta mutu nan take.

An ce mutanen Cadi sun ci nasara a kan Hissène Habré. Yaya suka yi?

Wannan shi ne labarin da ya fi kama da abin da talaka zai iya, kuma ba CPI ce ta yi shi ba. Habré ya mulki Cadi daga 1982 zuwa 1990, kwamitin bincike na ƙasar ya ƙiyasta mutum 40,000 aka kashe. Ya gudu Senegal ya yi zamansa. Waɗanda suka fito da rai daga gidajen yarinsa, irin su Souleymane Guengueng, suka fara bi gida gida suna rubuta sunaye da abin da aka yi wa kowa, suna ɓoye takardun. Daga baya aka gano tarin takardun ƴan sandan sirrinsa na DDS yashe a tsohon ofishinsu, sunayen suka dace. An yi ta jeka-ka-dawo tsakanin Dakar da Beljiyam har aka kafa kotu ta musamman a Senegal da hannun Tarayyar Afirka, ranar 30 ga Mayu 2016 ta yanke masa rai da rai.

A 2017 aka ce a biya mutum 7,396 sefa biliyan 82. Habré ya mutu a Agusta 2021 ba a biya ba, da yawa cikin masu ƙarar ma sun riga shi. Sai a 2024 gwamnatin Cadi ta fara raba biliyan 10. Ka haɗa da tambayar nawa ake samu da ke sama, za ka ga abu ɗaya ne ke maimaituwa.

In ba CPI ba, ina za mu dosa?

Gida. Ka kai ƙorafi jandarmari ko komisariya, ko ka rubuta kai tsaye ga mai gabatar da ƙara na babbar kotun Maradi. Tsarin shari'armu na da wata dama da mutane ba su cika amfani da ita ba, wato ka shiga shari'ar a matsayin parti sibil, wanda aka cuta mai neman haƙƙinsa, ta haka lauyanka na ganin dosiye kuma alƙali na yanke maka diyya cikin hukuncin. Wanda ba shi da halin lauya ya nemi ofishin ANAJJ, hukumar da aka kafa don taimakon marasa ƙarfi a shari'a. In an ɗauki maganar a matsayin ta'addanci, Yamai ake tura ta wurin alƙalai na musamman. Tun gyaran 2003 kuma dokar laifuka ta Nijar ta ƙunshi kisan ƙare dangi da cin zarafin bil'adama da laifukan yaƙi, kenan ko ba Heg alƙalinmu na da abin riƙewa. Kar a yi jinkiri, laifuka na yau da kullum suna da wa'adin shigar da ƙara.

Da can akwai kotun CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, da ke Abuja, kuma ta yi wa ƴan Nijar aiki. A 2008 ta ce gwamnati ta biya Hadijatou Mani sefa miliyan 10 don ta kasa kare ta daga bauta, a 2015 ta yanke wa iyalin marigayi shugaba Bare Mainasara miliyan 435. Tun fitar Nijar daga ƙungiyar a Janairu 2025 wannan ƙofar ta rufe ga sabon ƙorafi a kan Nijar.

Kotun gida na iya abin mamaki, tana kuma iya ba da kunya. A Gini kotun ƙasar ce ta ɗaure Dadis Camara shekara 20 a Yuli 2024 kan kisan filin ƙwallo na 2009, ba a yi shekara ba aka yi masa afuwa.

Wace shaida ya kamata mu ajiye?

A samu mutum ɗaya mai rubutu a gari, ko da ajami ne, da kaye guda da ba a yin komi da shi sai wannan. Duk harin da aka kawo a rubuta a ranar ko washegari: kwanan wata, in ba a riƙe ba a ce daren wace kasuwa ce ko kwana nawa ga watan Musulunci, wajen ƙarfe nawa, babura nawa, ta ina suka shigo ta ina suka fita, da wane harshe suke magana, wane suna aka ji suna kiran junansu. Sunan wanda aka kashe cikakke da na mahaifinsa da shekarunsa. Wa ya gani da idonsa, wa kuma ji ya yi, a raba su, don lauyan ɗaya gefen da nan yake fara rusa shaida. Shanu a rubuta adadi da launi da alamar da ke jikinsu.

Mu Musulmi ba mu jinkirta jana'iza, to kafin a rufe, in da hali a kira ma'aikacin lafiya ko jandarma su gani, in babu a ɗauki hoton raunin cikin mutunci, daga baya a je meri a yi takardar mutuwa. Wanda ya ji rauni ya karɓi takardar likita. In an biya kuɗin fansa, lambar da ta kira kar a goge ta, a naɗi muryar in wayar na yi, a ajiye resi na aika kuɗi, a rubuta abin da aka sayar aka haɗa kuɗin, gona ce ko buhun gero nawa, don ranar lissafin asara shi za a tambaya.

Hoto da bidiyo a bar na asali a wayar da ta ɗauka ko a katin memori, domin wanda ya bi ta WhatsApp yana zubar da bayanan rana da wuri da ke ɓoye cikinsa. Kuma don Allah a daina sa fuskar shaidu a Facebook. Masu kai wa ƴan bindiga rahoto na cikin gari, kayen nan ma ba kowa ya kamata ya san inda yake ba, a yi kwafi a kai wa wani amintacce a birni.

Ƴata ce aka yi wa fyaɗe a daji. In mun yi magana ba mun tona mata asiri ba?

Hajiya, kafin maganar kotu a fara da asibiti, cikin kwana 3 akwai maganin da ke kare ta daga ƙanjamau, cikin kwana 5 akwai na hana ɗaukar ciki, kuma likita sirri yake riƙewa. A karɓi takardar a ajiye, ko ba a yanke shawarar kai ƙara ba tukuna. Ita ce mai cewa a yi ko a bari, ba kawunanta ba.

A dokar duniya fyaɗe ba ƙaramin abu ba ne da ake haɗawa a gefe. Tun hukuncin wani magajin gari mai suna Akayesu a kotun duniya ta musamman kan kisan Ruwanda a 1998 aka amince yana iya zama ɓangaren kisan ƙare dangi, a shari'ar Ongwen kuma an hukunta auren dole da cikin dole, har aka lissafa ƴaƴan da aka haifa a daji cikin masu haƙƙin diyya. Kotuna na iya ɓoye suna da fuska, su saurari mace ƙofa a rufe, amma sai lauya ya nema.

Ni daga Zamfara na gudo, ina Garin Kaka. Nawa haƙƙin yana ina?

Laifin da aka yi maka a Najeriya kotunan Najeriya ke da shi, kuma kai kam kotun CEDEAO na buɗe gare ka in ƙorafin a kan gwamnatin Najeriya ne cewa ta kasa kare ku, ba ta ma sharɗanta sai ka gama da kotunan gida ba. Game da CPI, a Disamba 2020 mai gabatar da ƙara ta lokacin Fatou Bensouda ta ce akwai hujjar buɗe bincike kan Boko Haram da kuma jami'an tsaron Najeriya, wannan maganar arewa maso gabas ce galibi. Ka riƙe takardar rajistarka ta HCR, hukumar ƴan gudun hijira, da kyau, ita ke nuna yaushe ka baro gida da dalili. Mutanen garinku da ke Ɗan Daji Makau ko Cadakori ku haɗa kaye ɗaya kamar yadda aka bayyana a tambayar shaida.

In gwamnati ta yi sulhu ta yafe musu, mu fa?

Gwamnati na iya yin afuwa don a ajiye makami, an yi a Diffa da tubabbun Boko Haram da aka kai cibiyar Gudumariya, kuma wanda ke son ya koma gonarsa ba zai raina sulhu ba. Amma afuwar gida ba ta ɗaure hannun kotun waje, kuma a maganar Bare da aka ambata sama, afuwar da aka sa a tsarin mulkin 1999 ba ta hana kotun CEDEAO cewa an tauye wa iyalinsa haƙƙi ba.

Mu ma a addini haka muka sani, jini haƙƙin magada ne, su ke zaɓar ƙisasi ko diyya ko yafiya, aya ta 178 a Baƙara ta faɗa. Abin da ke ƙona rai shi ne a koya wa tubabbe sana'a a ba shi jari, matar wanda ya kashe tana bara a bakin tasha. Duk zaman sulhun da aka kira mai gari, ya nemi a rubuta rabon waɗanda aka cuta cikin yarjejeniyar tun kafin a sa hannu.

Ta'asar Turawan mulkin mallaka fa, ana iya neman diyyarta?

Ba a CPI ba, saboda dalilin 2002 da aka faɗa sama. Ayarin hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine na 1899 da ya ƙone Birnin Ƙonni ya bi ta ƙasarmu yana kisa har wajen Tasawa, kaburburan su biyun na nan a Maijirgi, jikokin waɗanda aka kashe suna ta neman Faransa ta amsa laifi. Irin wannan da matsin siyasa ko kotun ƙasar da ta yi laifin ake samunsa. A 2013 Ingila ta biya tsofaffin Kenya 5,228 fam miliyan 19.9, har da kuɗin lauyoyi, kan azabar zamanin tawayen Mau Mau, bayan an tilasta mata fito da takardun da ta ɓoye, kuma su suna raye suka shiga kotu da kansu. Jamus ta amsa kisan ƙare dangi a Namibiya a 2021 ta yi alkawarin yuro biliyan 1.1 cikin shekara 30, amma ta kira shi taimakon raya ƙasa, shugabannin Herero da Nama, ƙabilun da aka yi wa kisan, da yawa suka ƙi.

Wani ya zo ƙauyenmu yana karɓar jikka biyu biyu wai zai sa sunanmu a jerin masu diyya. Mu ba da?

Kar ku ba da. Takardar shiga shari'a ko neman diyya a CPI kyauta ce, kuma ba a buɗe ta sai akwai shari'ar da ta shafi wurinku, babu kuma wata shari'ar CPI a kan Maradi. Ku tambaye shi takardar izinin ƙungiyarsa, ku ce ya biyo ta hannun mai gari da magajin gari, kar kuma ku ba shi katin ɗan ƙasa ko takardun asali ya tafi da su, kwafi ma sai kun san inda za shi. In ya matsa, ku karɓi lambarsa ku kai jandarmari.